Yatsun da Siminti Ya Cinye

A wurin gini ba mai kiransa da sunansa na yanka. A-Sake suke ce masa, domin in ya zo duba tayil ɗin da wani ya shimfiɗa, ba ya zagi, ba ya faɗa. Durƙusawa yake yi ya ƙwanƙwasa da ƙotar cokalin gini, ya kasa kunne, sannan ya ce, "A sake." Mutum ya yi ta rantsuwa cewa aikin ya yi, shi dai ya gama magana. Shekarunsa hamsin da biyu, talatin da huɗu daga ciki a durƙushe ya yi su, har gwiwoyinsa sun yi kanta.

Wurin ƙanen mahaifinsa ya koyi sana'ar, a can ƙasarsu. Da gini ya tsaya cak a can, ya zama sai ya yi wata bai taɓa cokali ba, sai ya kwashi matarsa da 'ya'yansa mata biyu suka ƙetaro. Yau shekara bakwai ke nan. Takardar da aka ba shi ta zaman wucin gadi ce, ana sabunta ta duk wata shida, kuma a ƙasanta an rubuta da jan tawada cewa ba a yarda mai ita ya yi aiki ba. Wanda ya rubuta wannan layin bai faɗi abin da mai takardar zai ci ba. Wataƙila a ganinsa baƙo da iska yake rayuwa.

Don haka A-Sake ya yi aiki, kamar yadda kowa ke yi, a ɓoye. Wani ɗan kwangila ne ya riƙe shi, ɗan ƙasarsu da ya riga shi zuwa, ya sami takardu, ya yi tumbi. Duk ranar da masu duba takardu suka doso wurin ginin, mai gadi zai yi fito, sai a tura A-Sake banɗakin da ba a gama ba, a kulle ta waje. Akwai ranar da ya yi awa huɗu zaune a kan masan da ba a haɗa wa ruwa ba, yana jin takun mutanen a falo, yana jin ɗayansu na yaba kyan daɓen, ɗan kwangila yana amsa godiya. Wannan ne abin da ya tsaya masa a wuya. Gajiya ba ta dame shi ba, ƙarancin lada ma ya haƙura da shi, amma a ce magidanci mai furfura ana kulle shi kamar akuyar da ta yi ɓarna, ya kasa haɗiye wannan. Burinsa guda ne, ya sami takardar izinin aiki, ranar da aka yi fito ya ci gaba da abin da yake yi.

Ana nan sai hukuma ta buɗe ƙofa ta wata biyu. Duk baƙon da ya kawo fasfo, da hotuna, da wasiƙar wanda zai ɗauke shi aiki, aka kuma ɗauki zanen yatsunsa, za a ba shi izini. Ɗan kwangila ya ja rai na sati uku kafin ya sa hannu a wasiƙar.

Ƙanen matarsa, direban tasi ne mai takarda, shi ya zo ya koya masa abin da zai faɗa.

"Yaya, in sun tambaye ka, ba ka taɓa aiki a ƙasar nan ba. Yanzu ne za ka fara."

"Shekara bakwai ina me?"

"Kana zaune."

"Ina cin me?"

"Ka ce ni nake ciyar da ku."

A-Sake ya dube shi tun daga sama har ƙasa. Wannan yaron da bai taɓa shigo musu da ko burodi ba, wanda ya san lokacin sauke tukunyarsu fiye da masu gidan. Matar ta yi saurin miƙo wa ƙanenta shayi kafin mijin ya buɗe baki.

Ofishin wani dogon ɗaki ne mai kujerun roba a jere. An ba shi lamba tamanin da huɗu, ana kiran ta sha tara. Tun shigarsa ƙafarsa ta gaya masa daɓen nan aikin banza ne. Ya ɗan buga dugadugi, tayil ya amsa da muryar fanko. Ya bi layin da ido, ya ga ya karkace da kusan yatsa biyu kafin ya kai bango. Abin ya ƙona masa rai fiye da jiran, domin wanda ya yi wannan aika-aikar da takardarsa ya yi ta, da rana tsaka, ba wanda ya kulle shi.

Sai bayan azahar aka kira shi. Ma'aikaciyar yarinya ce mai tabarau, ba za ta girmi babbar 'yarsa da yawa ba. Ta duba fasfo, ta duba wasiƙa, ta ba shi wata takarda ya sa hannu cewa bai taɓa aiki ba. Ya sa, yana jin kamar ya tofa wa kansa yawu. Sannan ta turo masa wata na'ura mai gilashi, ta ce ya ɗora yatsunsa huɗu na dama.

Na'ura ta yi ja. Ta goge gilashin, ya sake ɗorawa, ja. Ta ce ya hura wa yatsun numfashi, ta ce ya goga su a goshi, ta ce kada ya danna sosai, ta ce ya ƙara dannawa. Hagu ma haka, babban yatsa ma haka. Daga ƙarshe ta ce ya juyo hannun. Ta sunkuyo ta duba. Kan yatsun sumul suke kamar bayan cokali, ko zane ɗaya babu, sai tsage-tsage. Siminti da ruwa da gefen tayil sun daɗe da cinye su.

"Baba, wane aiki kake yi?"

Ya so ya ce ta tashi ta bi shi ya nuna mata, bene nawa, asibiti nawa, matakala nawa a garin nan. Ya haɗiye.

"Ba na aiki."

Ta ɗan jima tana kallonsa ta saman tabarau. Sannan ta rubuta kwanan wata a 'yar takarda, sati uku cif, kwana biyu kafin a rufe ƙofar. Ta rage murya ta ce, "To, wannan abin da ba ka yi ɗin, ka daina yin sa. In ka huta, zanen yakan dawo."

Da ƙanen matarsa ya ji labari, dariya ya yi har da riƙe ciki. "Yau ga A-Sake an ce masa a sake." Ba wanda ya taya shi.

Haka mutumin nan ya zauna a ɗaki. Don a ba shi izinin aiki, sai ya daina aiki, kuma masu hankali ne suka zauna a kan tebur suka tsara hakan. Safe da yamma matarsa na shafe masa yatsu da mai, ta zura masa tsofaffin safar ƙafar autarsu a hannu, masu zanen furanni. Ita kitso take yi a ɗaki, don haka matan unguwa suka riƙa shigowa suna tarar da shi zaune da safa a hannu, suna gaishe shi suna danne dariya. Ya yi faɗa a kan gishiri, ya yi faɗa a kan rediyo, ya yi faɗa da ƙofar da ke ƙara. Ga tayil ɗaya da ya tsage a bakin ƙofarsu, kullum suna kallon juna, ba halin ya taɓa.

"Shekara ashirin ina roƙon Allah ya zaunar min da kai a gida," in ji matar, tana murza masa ɗan yatsa. "Na janye addu'ata, Baban yara."

Amma a kwana na goma ta kai hannunsa bakin taga, ta kira shi ya duba. Wasu siraran layuka sun fara fitowa a ɗan ali da na tsakiya. Ya daɗe yana kallo. Ya manta yana da su.

A kwana na sha biyu ɗan kwangila ya zo har gida, abin da bai taɓa yi ba. Ya ƙi zama. Akwai gidan da zai miƙa wa mai shi ƙarshen mako, matakalar ta gagari yaransa, sun fasa marmara uku.

"Kwana uku kawai, Malam. Ka sa safar hannu."

"Safa ba ta hana komai. Gumi ya jiƙa ta, siminti ya shiga, sabuwar fatar ta saɓule. Ka ba ni kwana tara, in na fito ofishin nan ko kwana zan yi a matakalar, zan yi."

"Mai gida ba zai jira yatsunka ba."

"Ni na jira sa hannunka sati uku."

Ɗan kwangila ya gyara tsayuwa. "Ka san dai alfarma na yi maka da wasiƙar nan. Mutum nawa ke nema."

Kalmar alfarmar nan ce ta tunzura A-Sake. Ya fizge safar da haƙori ya jefar, ya miƙa masa hannayen har kusa da hanci.

"Duba alfarmar. A ginin wa suka goge? Shekara bakwai kana cin yabo da hannun nan, kai da ko layi ba ka iya ja ba. Banɗaki nawa ka kulle ni a ciki? Ka ƙirga, ni na ƙirga. Ko kare aka kulle awa huɗu ana leƙa shi. Kwana tara na roƙa, ranka ya daɗe, kwana tara a cikin shekara bakwai."

Matar da ake wa kitso ta sunkuyar da kai. Ɗan kwangila bai ɗaga murya ba, irinsu ba sa buƙata. Ya kaɗa makullin motarsa ya ce, "Allah ya ba hannu lafiya," ya fita.

"Da ka tauna kafin ka furta," in ji matarsa.

"Ƙarya na yi?"

"Ban ce ka yi ƙarya ba." Ta ɗauko safar daga ƙasa ta kakkaɓe.

Ranar komawa ya sa rigarsa mai kyau. Yarinyar mai tabarau ta gane shi. Ya ɗora yatsun dama, na'ura ta ɗan yi shiru, sai ta yi kore. Hagu, kore. Takwas cikin goma suka fito, ta ce sun isa. Daɗi ya kama shi har ya ji kunyar kansa, ya ce mata Allah ya yi mata albarka, ya ba ta miji nagari. Ta yi murmushi, ta ɗauki waya ta kira ɗan kwangila don ta tabbatar da wasiƙar, kamar yadda ƙa'ida ta ce.

Maganar ba ta kai minti ɗaya ba. Ta ajiye wayar a hankali.

"Ya ce ya janye. Ya ba wani gurbin."

"Yaushe?"

"Bai faɗa ba. In ka kawo wata wasiƙar kafin jibi, zan karɓa."

"In ban samu ba fa?"

"Takardarka ta da tana nan yadda take."

Ya nuna na'urar. "To goge yatsuna."

"Ba a gogewa, Baba." Ta kalli ƙofa, ta kalle shi. "Gara ka sani. Masu duba takardu yanzu da ƙaramar irin wannan suke yawo. In suka same ka a wurin aiki suka ɗora yatsanka, sunanka zai fito, da takardar da ka sa wa hannu. Daga nan sai jirgi zuwa ƙasarku."

Wato a da ba su san shi ba. Shi ya zauna sati uku da safar yarinya a hannu, ya yi jinyar yatsunsa, ya kawo musu da ƙafarsa.

Kwana biyun nan ya zaga wurin 'yan kwangila uku da suka san aikinsa. Kowanne ya tashi ya tarbe shi, kowanne ya ce ko gobe ya zo ya fara. Da ya ambaci wasiƙa sai fuska ta canza. Wasiƙa tana jawo ido, in ji su, kuma kowa yana da mutanen da yake ɓoyewa. Aka rufe ƙofa ranar da aka ce za a rufe, ko awa ba a ƙara ba.

Washegari da sassafe ya ɗauki jakar kayan aikinsa ya tafi wurin na ukun, wani bene da ake wa daɓe a hawa na biyu. Shugaban leburori ya nuna masa ɗakin, da tulin tayil, da kwanon da aka zuba siminti. Da ya ga hannun A-Sake, fari-fari, laushi kamar na mai jego, sai ya zaro safar roba daga aljihu ya miƙa masa.

"Riƙe wannan, Malam. Simintin nan yana da zafi, zai cinye maka hannu."

"Na sani," in ji A-Sake.

Ya durƙusa, ya zuba ruwa a kwanon, ya ture cokalin gefe. Ya nutsa hannayensa biyu har wuyan hannu ya fara damawa.