Hotona Cikin Likkafani

A lokacin ina ajin ƙarshe a wata babbar makaranta a nan Bauchi, kaina ya gama kumbura saboda na zo ta ɗaya a gasar sarauniyar kyau ta ɗalibai. Madubi ma ya gaji da ni. A gidanmu kuwa, can Ƙofar Ran, babu wanda ya san na shiga gasar, balle Inna, mahaifiyata, mai fama da hawan jini, wadda ni kaɗai ce 'yarta mace.

Bayan gasar wani mai shirya fim ya neme ni. Na ɗauka ni ce jaruma, ashe budurwar da ke mutuwa tun farkon labari za a ba ni. Na ce ba komai, da haka kowa ya fara. Na ce wa Inna jarrabawa gare mu, muka tafi wani gida a Zungur. Aka sa na kashe waya, aka shafa mini hoda mai ruwan toka, aka naɗe ni a farin yadi. Har dariya nake yi. Ashe wani cikin ma'aikatan ya ɗauki hotona ya watsa, ya rubuta salati a ƙasa, wai tallar fim yake yi.

Sai bayan La'asar na kunna wayar. Kiran yayana ne ya fara shigowa. Da ya ji muryata ya fashe da kuka, sannan ya hau zagina. Ya ce wata maƙwabciya ta shiga da hoton ta nuna wa Inna, Inna ta yanke jiki ta faɗi a bakin murhu, yanzu suna asibiti. Ko fuska ban tsaya wankewa ba. Na tare mai mashin, tun daga Zungur nake kuka ina roƙon Allah ya ɗauki raina ya bar nata. Da na shiga ɗakin, Inna ta ga tokar nan a fuskata, sai ta juya kai bango. Na riƙe ƙafarta ina rantse-rantse ni ce, ban mutu ba, ƙarya na yi mata. Ɓarin jikinta ya riga ya shanye, magana ta tafi.

'Yan'uwa, ba fim nake zagi ba, kaina nake zargi. Duk wurin da sai kin yi wa uwarki ƙarya za ki je, ki haƙura da shi. Ku ma masu tura hoton mutuwa, don Allah ku riƙa bincike. Yanzu ni ke yi wa Inna wanka, ni ke ba ta abinci a baki, kuma ban san ko ta yafe mini ba, tunda ba ta da bakin faɗa. Abin da na sani, ko barcin rana ya ɗauke ni kusa da ita, sai in farka in ji hannunta mai lafiyar a ƙirjina, tana duba ko ina numfashi.