Tsohuwar da Ake Haya Ta Yi Kuka

Da safe mijin Glenys ya rasu a asibitin nan, amma har yanzu ko ɗigon hawaye babu a idonta, abin yana ba ta tsoro. Daga bencin da take zaune tana hango wata siririyar tsohuwa mai jar hula a wani ɗaki, ta dafe kujera tana rusa kuka. Wani ɗalibin likita ne ya gaya wa tsohuwar mijinta ya cika.

Sai tsohuwar ta ɗauke kukan ɗif, ta gyara janbaki.

"Ɗan nan, daina kallon agogo. Mutuwa kake faɗa mini, ba bas kake jira ba. A turo na gaba."

Glenys ta ƙura mata ido. Ta san fuskar nan a wasannin kwaikwayo na talabijin, yau 'yar aiki, gobe maƙwabciya mai gulma, ba wanda ya riƙe sunanta. Ashe yanzu hayarta ake yi don ɗalibai su koyi sanar da mutuwa. Wa take tunawa da har kukan yake zuwa haka?

Tsohuwar ta fito neman shayi, ta dubi Glenys, ta zauna kusa da ita.

"Naki rashin na gaske ne, ko, 'yar'uwa? Ni ranar da nawa mijin ya tafi, wanke-wanke na yi ta yi."