Bugu na Huɗu

Habu, daren jiya mafarki ya hana ni sakat. Don Allah kar ka fara dariyar nan taka, ka saurara.

Ka san lokacin da nake karatu a Ingila ni ne mai ganga a wata 'yar ƙungiyar masu jita, mu huɗu. Tom ne mawaƙinmu. Ƙa'idarmu ita ce ba mai taɓa jita sai na haɗa sandunana sau huɗu, a na huɗun ake farawa. A makon da kamfanin faifai ya neme mu Baba ya rasu. Na ce wa Tom mako biyu zan yi in dawo, ka dai ga inda nake har yau. Suka ɗauki wani, suka yi suna, daga baya suka watse. To watan jiya ya turo min saƙo, wai ciwon daji ya kama masa maƙogwaro, za a yi masa aikin da zai raba shi da muryarsa, yana so mu huɗun farko mu yi wasa ɗaya kafin nan. Wallahi kunya ta hana ni amsawa.

A mafarkin muna cikin tsohuwar motarmu mai warin jiƙaƙƙen takalmi, ana yayyafin nan nasu mara ƙarewa, amma hanyar Gwarzo muke bi.

Sai kawai ga mu a kan dandamali. Zauren ya cika maƙil, kowa sanye da rigar marasa lafiya ta asibiti, ba tafi, ba ko tari. Tom na gaba, wuyansa naɗe da bandeji. Ya waiwayo ya dube ni yadda ya saba, yana jira.

Na ɗaga sanduna. Ɗaya. Biyu. Uku. Hannuna ya yi nauyi kamar an ɗaura masa turmi. Na duba, ashe karan dawa ne a hannuna. Masu jita sun ɗaga yatsu sun ƙame, gashinsu yana furfura ina kallo.

Sai kawai Tom, mutumin da bai taɓa iya ko "sannu" daidai ba, ya ce min da Hausa tsantsa, "Ka ce mako biyu."

Na yi ta maza na buga na huɗun. Karan ya karye. Tom ya buɗe baki zai fara, babu abin da ya fito sai iska. Ya ci gaba da rerawa a haka, mutane suna gyaɗa kai kamar suna ji.

Na farka na jiƙe sharkaf, na lalubo waya na rubuta masa ina nan tafe. Yanzu la'asar ta wuce, saƙon bai ma shiga ba. Tsoro nake ji, Habu. Kai da ka zauna gaban malamai, faɗa min gaskiya: mafarkin nan cewa yake in yi sauri, ko sanar da ni ake yi an riga an yi aikin?