Ranar da Surukina Ya Gan Ni da Kamfai

Na sha yawo, daga Legas har Agadas, amma ban taɓa ganin abin da ya ɗaure mani kai kamar wanda na gani a shagon taubashina a Gummi ba.

Ɗan kawuna ne, ya buɗe shagon cajin waya, ya kuma ajiye talabijin da gem ɗin kokawar Turawa, wadda samari ke kira resilin. Ashe a gem ɗin nan mutum na iya ƙera ɗan kokawarsa da kansa: ya zaɓar masa hanci, ya zaɓar masa tumbi. To shi kuwa da ya tashi tsokana irin ta taubasai, sai ya ƙera ni.

Ran kasuwa surukina ya zo daga Gwashi, wayarsa ta mutu, na ce mu je a sa masa caji. Dattijo ne da ko abinci ban taɓa ci a gabansa ba. Ko hula ban taɓa cirewa ba.

Muna shiga na ga samari sun yi tsit. Na ɗaga kai. Ga ni nan a talabijin! Sanƙona, gemuna mai furfura gefe guda, har tumbin bai rage ko kaɗan ba. Ba komai a jikina sai wani jan kamfai mai ƙyalli. Wani ƙato ya ɗaga ni sama ya maka a kan tebur.

Na nemi ƙofa, dattijo na tsaye a bakinta.

Ya matsa kusa, ya ƙura ido. Ya dubi taubashina ya ce, "Kai, wanga ba mijin ɗiyata ba na?"

"Baba, wasa na," in ji taubashina.

"Wasa? Tsirara cikin kasuwa?"

Sai ya warware rawaninsa, ya lulluɓe talabijin ɗin ruf. Ta ƙarƙashin rawani ana jin ana ta jibgata, Turawa na ihu.

"Ku sa mai tufa," ya ce. Bai ko kalli inda nake ba.

Taubashina ya cusa kai ƙarƙashin rawanin yana latse-latse, zufa na zuba. Ya ce babu babbar riga a ciki, sai kwat da dogon wando. Dattijo ya ce a sa. Hula fa? Sai malafar kaboyi. Ya ce ita ma a sa.

Da aka yaye rawanin, ga ni cikin kwat da malafa, ƙaton nan na sake shaƙe ni. Surukina ya jinjina kai, ya miƙa wayarsa a sa caji.

"To, yanzu ku kada shi in kuna so," ya ce.

Har ya koma ga Allah bai taɓa tayar mani da maganar ba. Sai dai da sallar nan ya aiko mani da malafa.