Tsohon Da Na Ɗauka Ya Kashe Matarsa

Assalamu alaikum Edita. Lokacin da abin nan ya faru ban daɗe da zuwa New York daga Maraɗi ba. Ina zaune wajen yayata a unguwar Mount Hope, ina aikin kula da tsofaffi a gidajensu. Da yake ina jin Faransanci, kamfaninmu ya tura ni gidan wani tsoho Bafaranshe da ciwon mantuwa ya fara kamawa. 'Yarsa ce ta ɗauko shi daga Faransa bayan rasuwar matarsa, ita kuma kullum tana wajen aiki.

Tun ranar farko na tsaya ina kallon fuskarsa. Na san fuskar nan, dogon hanci, ido ɗaya a ɗan kanne, da murmushin gefen baki. Na rasa inda na san ta, amma raina ya ƙi kwanciya. Bai taɓa yi mini komai ba, har yakan ce in zauna mu ci abinci tare, amma sai na sa masa ido. Wata rana ina wanke-wanke na ji muryarsa ta canza, ta yi kauri, yana cewa shi ya zuba mata guba a shayi, kuma babu wanda zai taɓa ganewa. Nan take na ɗauka matarsa yake nufi. Da na leƙo sai ya katse maganar, ya tambaye ni ko ana ruwa a waje. Washegari ya maimaita, ko kalma ɗaya ba ta canza ba. Na lura kuma babu hoton matarsa ko ɗaya a gidan. Na daina cin komai a can, ruwan sha ma da abina nake zuwa.

Yayata ta ce in fara tambayar 'yarsa. Na ƙi, don ina zargin ta san komai, shi ya sa ta gudo da shi Amurka. Na kai rahoto kamfani, su kuma suka sanar da hukuma. Da 'yan sanda suka zo tsohon ya rikice, ya riƙe hannuna yana kuka, yana roƙona in gaya musu shi ba mugu ba ne.

'Yarsa ta iso a guje. Da ta ji bayanina ba ta yi mini faɗa ba, sai ta kunna mana wani tsohon fim a wayarta. Ga shi nan da ƙuruciyarsa, ya fito a matsayin kukun gida, yana faɗin waɗannan kalmomi. Ta ce duk rayuwarsa ɗan fim ne, bai taɓa fitowa jarumi ba. Saboda fuskarsa, kullum maci amana ko ɗan rahoto ake ba shi, mutane suka san fuskar ba su san sunan ba. Ciwon ya ɗauke masa sunayen jikokinsa, ya bar masa maganganun fim. Hotunan kuwa ita ta kwashe su, don yana kuka idan ya gani. Sai a lokacin na tuna da talabijin ɗin maƙwabtanmu a Maraɗi, inda muke taruwa muna yara muna tsine wa mutumin nan.

Daga ranar ya tsorata da duk wanda ya ƙwanƙwasa ƙofa, ya ƙi abinci, har dole aka kai shi gidan tsofaffi. Da na je dubo shi bai gane ni ba. Ya dai jawo ni kusa, ya tambaye ni a hankali ko mutanen nan sun tafi.

'Yan uwana masu wannan aiki, idan ka ga haɗari na gaske ka faɗa, wannan wajibi ne. Amma ni na yanke wa bawan Allah hukunci tun daga fuskarsa, duk abin da na ji daga baya zargina kawai nake ciyarwa. Tambaya ɗaya ta ishe ni, ban yi ba. Ku riƙa tambaya. Allah Ya yafe mini.