Baffa da Ginshiƙin Shago

Baffa kafinta ne, tun yana saurayi yake aiki a shagon yayansa. Da yayan ya rasu, sai aka tarar shi ya bar wa wasiyyar ya sayar da shagon, a raba wa 'ya'yan marigayin kuɗin. Tun ranar Baffa bai sake samun sukuni ba.

Halinsa ne, ba ya iya ganin ruɓaɓɓen katako ya yi shiru. Duk mai sayen da ya zo, sai ya ƙwanƙwasa masa ginshiƙin tsakiya da guduma, ya ce, "Ka ji ko? Gara ta cinye cikinsa." Mutum ya yi godiya, ya tafi, shi ke nan.

Babbar 'yar marigayin ta gaji, ta kai shi gaban alƙali. Ta ce, "Ranka ya daɗe, mai sayarwar shi za a tasa daga shagon in an sayar. Yaushe shagon zai sayu?"

Alƙali ya tambaye shi, "Gaskiya ce ke sa ka, ko tsoron tashi?"

Baffa ya daɗe yana kallon tafin hannunsa. "Wallahi ni ma na kasa ganewa."

Aka cire shi daga sayarwar, aka naɗa wani lauya.

Da lauyan ya kawo mai saye, mutumin ya dafa ginshiƙin ya ce, "Baba, yaya ƙarfinsa?"

Baffa ya dubi gudumarsa, ya dubi 'yar yayansa tsaye a bakin ƙofa, ya ci gaba da goge katako.

"Tambayi masu shago, ɗana. Ni aiki kawai nake yi a nan."