Jinkar Rumbun Khalilu

Khalilu taubashina ne, ɗan ƙanen mahaifiyata, kuma tun muna yara nake tsokanarsa cewa ko alif bai iya ba. Gaskiya ce kuwa. Makarantar allo ta gaji da shi, shi ma ya gaji da ita. Abin da ya iya shi ne ginin rumbun ƙasa, daga ƙauyenmu har Tsanyawa babu wanda ya kama ƙafarsa.

Sai dai yana da wani rubutu nasa na kansa. In ya gama yaɓe, kafin laka ta sha iska, sai ya bi jikin rumbun da yatsa: ƙugiya, ɗigo uku, wani abu kamar sawun kaza. Ba da ido ake karanta shi ba. Yatsa za ka sa ka bi layin daga dama, sai ka tsinci kanka a cikin abin da ya rubuta. Na taɓa bin wani a rumbun limaminmu, na ji ni ɗan shekara bakwai a kan jaki, ina ihun murna, alhali jakin na uban Khalilu ne, yarintar ma tasa ce. Har mafarkinsa yakan rubuta. Illar guda ce: duk abin da ya sa a laka ya fita daga kansa ke nan, sai in ya je ya taɓa.

Haka ya yi ta rabarwa a rumbunan mutane kamar bai san ciwon kansa ba. Na sha ce masa, "Wata rana hanyar gidanku za ka rubuta, mu huta da kai."

Sai fari ya zo, shekara biyu a jere. Ba na son dogon bayani a kansa, tun a lokacin na gaji. Gero ya bushe a tsaye, rumbuna suka zama fanko. Mutane suka riƙa layi suna shafa wani tuwon biki da Khalilu ya rubuta a rumbun maƙwabcinsa. Ka ji ɗumin miya a harshenka, ka ɗaga yatsa, yunwa ta dawo ta ninka. Ni sau ɗaya na je, ban ƙara ba.

A shekara ta biyu matarsa Rahmatu ta rasu, bayan zaman shekara talatin da ɗaya. Khalilu ya riƙa rage ruwan shansa yana kwaɓa laka, ya sake yaɓe rumbunsa, ya rubuta ta kaf: muryarta, dariyarta, har faɗan da take masa in ya shigo ɗaki da taɓo a ƙafa. Na ce masa wannan wauta ce.

Ya ce, "Na fara manta muryarta, Hadi. Gara in ajiye ta inda ba za ta ragu ba."

Daga nan kullum da safe sai ya zagaya rumbun da yatsa, sannan ya san wadda ya rasa.

Ni na je masa da maganar jinka. Sa guda ya rage min, haƙarƙarinsa duk a waje, kuma ya cinye jinkar ɗakunanmu tas. Ciyawar da ta saura a unguwar ita ce wadda ta rufe rumbun Khalilu.

Na ce, "Ruwan da ya ƙi mu shekara biyu ba a wannan makon zai zo ba. Da ciyawa ta fito zan yi maka sabuwa."

Ya hau da kansa ya sauko min da ita.

Kwana tara aka yi. Bayan azahar hadari ya haɗu daga gabas, ruwa ya kece kamar da bakin ƙwarya. Mata suna jera tukwane, maza suna rige-rigen ɗaukar sungumi a tafi shuka. Ni ma na tafi. Sai da na yi layi biyu sannan na tuna da rumbun Khalilu, kuma wannan layi biyun har yau ina jin kunyarsu.

Na same shi ya tuɓe rigarsa ya manna ta a jikin rumbun, ya danne da ƙirjinsa, jar laka tana kwarara ta tsakanin ƙafafunsa. Abin da rigar ta kare bai fi tafin hannu biyu ba.

Na taɓa wurin daga baya. Rahmatu ce ta ba da baya, tulu a kanta, za ta shiga gida. An kira sunanta, ta fara juyowa. Nan layin ya yanke.

San nawa ma bai kai kaka ba. Khalilu ya ƙara shekara goma sha ɗaya yana gina rumbuna, bai sake rubutu ba, bai taɓa ɗora min laifi ba. Da ya zage ni da na fi samun sauƙi.

Wata rana muna dawowa daga gona ya ce, "Hadi, kai ka san ta. Yaya fuskarta take?"

Na ce fara ce, tana da wushirya, in za ta yi dariya takan rufe baki da hannu.

Ya gyaɗa kai a hankali, kamar ana ba shi labarin matar wani.